Kunnen da ke bayan kyamarar Jean Rouch

Ranar 18 ga Fabrairu 2004 wata mota ta yi hatsari kusa da Birnin Ƙonni, a kan hanyar Tawa. A nan Jean Rouch, Bafaranshen da ya shafe fiye da shekara 50 yana ɗaukar fim a Nijar, ya gamu da ajalinsa yana da shekara 86. Jaridun duniya sun yi ta juyayinsa. Kaɗan ne suka tsaya kan wani dattijo da ke cikin motar ya tsira, Damure Zika, wanda tun kafin a san shi da wasan fim shi ke riƙe wa Rouch na'urar naɗar sauti.

Damure ɗan Sarkawa ne, masuntan kogin Kwara, kuma sun haɗu da Rouch a farkon shekarun 1940, lokacin Baturen yana injiniyan hanya. Kyamarar da suka fara da ita wani ake yi mata kamar agogo, ba ta cika rabin minti sai ta tsaya, kuma kurma ce. Sauti dabam ake naɗarsa, daga baya a ɗinka shi da hoto. Haka aka yi a 1954 a Akara, inda suka ɗauki Les Maîtres fous kan 'yan borin Hauka (sunan ma daga bakinmu aka are shi). A Jaguar kuwa, wanda aka ɗauka a wannan tafiya amma bai fito ba sai 1967, Damure da abokinsa Lam Ibrahim Dia zama suka yi gaban majigi suna kallon kansu suna zuba hira da ba'a. Wannan hirar ce ran fim ɗin. Cire ta, sai ka ga samari kawai suna tafiya a ƙasa.

Kuma duk da haka Damure bai bar aikinsa na jinya ba: yana da ɗakin shan magani a Lamorde, Yamai, yana magana a rediyo, yana fitowa a fim, har ya rasu a 2009.

Da na'urar Nagra ta zo, wadda Stefan Kudelski ya ƙera a Suwizalan, aka samu damar kama murya daidai da motsin baki. Aikin sauti ya koma hannun Musa Hamidu. A 1971 a Simiri, cikin Zarmaganda, Rouch ya ɗauki Tourou et Bitti a tashi ɗaya, kusan minti goma ba yankewa, Musa na biye da shi da makirfo. A ganina nasa aikin ya fi wuya. Mai kyamara abin da ke gabansa yake gani. Mai sauti dole ya ji yaren, ya san lokacin da ganga za ta sauya, ya kare makirfo daga iska, ya kuma taka a hankali kada sawunsa ya shiga faifai. Musa ne ya bi Rouch ƙasar Dogon ta Mali wajen bikin Sigi, wanda sai bayan shekara 60 yake zagayowa.

Yau a Ƙonni da Illela ta Sakkwato, da ke kallon juna a bakin iyaka, finafinan Kano ake kallo a waya, kuma kowane yaro ya san jarumi da mawaƙi. Tambaye shi wa ya riƙe makirfo a fim ɗin da ya gama kallo jiya.