FASHIN BAƘI: Dokar kujerar yara a mota tana nan a takarda, amma har yanzu a cinya ake ɗaukar jarirai

Duk wanda ya tsaya a bakin titi a Kano, Kaduna ko Abuja da misalin ƙarfe bakwai da rabi na safe, lokacin kai yara makaranta, zai ga abu guda yana ta maimaituwa. Uwa a kujerar gaba rungume da jariri a cinya. Yaro ɗan shekara uku a tsaye tsakanin kujerun gaba, ya dafa kafaɗar mahaifinsa. Wani uban ma kan ɗora ɗansa a ƙafa, ya bar shi ya riƙe sitiyari, ana ta dariya. Ba kasafai ake kallon wannan a matsayin ganganci ba, domin da haka kusan kowa ya taso.

Sai dai a dokar Najeriya laifi ne. A jadawalin laifuffukan da Hukumar Kiyaye Haɗurra ta Ƙasa, FRSC, ke cin tara a kansu, akwai guda biyu da suka shafi yara kai tsaye: rashin ɗaure yaro a kujerar da ta dace da shi, da kuma zaunar da shi a wurin da bai kamata ba. Hukumar ta sha nanata cewa yaron da bai kai shekara 12 ba, a kujerar baya ya kamata ya zauna. Tushen waɗannan tanade-tanade shi ne Dokar Kafa FRSC ta 2007 da Ƙa'idojin Zirga-zirgar Ababen Hawa na Ƙasa na 2012.

Hukumar, wadda aka kafa a 1988 ƙarƙashin jagorancin Farfesa Wole Soyinka, ta fara tilasta ɗaura bel a farkon 2003. Fiye da shekara 20 bayan haka, direbobi da dama sun saba da janyo bel ɗin, ko da kuwa sai sun hango jami'ai a gaba. Dokar yara ba ta samu ko wannan rabin nasarar ba.

Abin da ke faruwa cikin ƙiftawar ido

Hujjar da iyaye mata suka fi kafawa ita ce babu inda jariri ya fi samun kariya kamar hannun mahaifiyarsa. A cikin gida gaskiya ne. A cikin mota mai gudu lissafin ya sha bamban.

Idan mota na tafiyar kilomita 50 a sa'a, wato gudun cikin gari wanda ba wanda zai kira shi tsere, duk abin da ke cikinta yana tafiya da wannan saurin ne. Da ta yi karo ta tsaya cak, abin da ba a ɗaure ba zai ci gaba da tafiya har sai ya bugi wani abu: gilashin gaba, bayan kujera, ko kwalta. Bugu a wannan gudun daidai yake da faɗowa daga tsayin kusan mita 10, kimanin bene mai hawa uku.

A wannan ɗan lokaci, ƙarfin da ke fizgar jiki na iya kai wa ninki 30 na nauyinsa. Yaro mai kilo 10 sai ya zama tamkar kilo 300, nauyin buhu shida na shinkafa mai kilo 50. Babu hannun da zai riƙe wannan, komai ƙarfin mai shi, komai kuma son da yake wa yaron. Idan babban bai ɗaura bel ba, lamarin ya fi muni, domin jikinsa ne zai danne yaron a jikin ƙirjin mota. Wasu kan yi dabarar zagaya bel ɗaya ya ɗaure su tare da yaron da ke cinyarsu, alhali a nan yaron ne ke shiga tsakanin bel da dukan nauyin babba.

Hukumar Lafiya ta Duniya, WHO, ta ƙiyasta a rahotonta na 2023 cewa haɗurran hanya na kashe kimanin mutum miliyan 1.19 a kowace shekara, kuma su ne kan gaba wajen kisan yara da matasa 'yan shekara 5 zuwa 29. Kashi 92 cikin 100 na mace-macen na aukuwa ne a ƙasashe masu ƙaramin ƙarfi da matsakaita, kuma idan aka auna da yawan jama'a, nahiyar Afirka ce ta fi kowace asara. Hukumar ta ce kujerar yara na iya rage mutuwar jarirai da kashi 71 cikin 100. Alƙaluman hukumar kiyaye haɗurra ta Amurka sun nuna ragin kashi 54 cikin 100 ga 'yan shekara ɗaya zuwa huɗu.

Dalilin juya jariri ya kalli baya

Jikin jariri ba ƙaramin jikin babba ba ne. Kansa kaɗai ya kai kusan kashi ɗaya cikin huɗu na nauyinsa, ga wuya mai laushi da ƙashin da bai gama ƙwari ba. Idan yana kallon gaba aka yi karo, ɗamarar kujera za ta riƙe gangar jikinsa, amma kan zai yi gaba da ƙarfi, wuya ya ɗauki nauyin duka. Idan kuwa yana kallon baya, bayan kujerar ne zai tallafi kai da wuya da gadon baya a lokaci guda, bugun ya bazu a faɗin jiki.

Wani likita ɗan ƙasar Suwidin, Bertil Aldman, shi ne ya fito da wannan dabara a shekarun 1960, bayan ya lura da yadda 'yan sama jannatin Amurka ke kwanciya ta baya domin jure ƙarfin tashin kumbo. Samfurinsa na farko ya bayyana a 1964, shekara biyar bayan injiniya Nils Bohlin na kamfanin Volvo ya ƙirƙiro bel mai kama wuri uku da ake amfani da shi a yau. Har yanzu a Suwidin yara kan zauna suna kallon baya har zuwa wajen shekara huɗu.

Matakan dai a taƙaice su ne: kujera mai kallon baya tun daga ranar da aka ɗauko jariri daga asibiti, sannan mai kallon gaba wadda ke da nata ɗamarar, sannan kujerar ƙara tsayi, wadda ke ɗaga yaro har bel ɗin manya ya hau kansa daidai. Abin da ke nuna lokacin sauyawa shi ne tsayi da nauyin da aka rubuta a jikin kujerar, ba ɗokin iyaye na ganin yaro ya girma ba.

Matakin ƙarshen nan shi aka fi rainawa. An ƙera bel ɗin mota ne domin jikin babba. A jikin ɗan shekara shida, igiyar sama kan bi ta wuya maimakon kafaɗa, ta ƙasa kuma ta hau ciki maimakon ƙashin ƙugu. Idan aka yi karo sai ta nutse cikin tumbi, ta ji wa hanji da laka rauni. Yara da yawa kan tura igiyar sama ta bayansu ko ta ƙarƙashin hammata saboda tana damunsu, kuma da zarar an yi haka kariyar ta ragu ƙwarai.

Sai jakar iska ta kujerar gaba, wadda ke fashewa ta kumbura idan an yi karo. Tana fitowa ne da gudun da zai iya kusantar kilomita 300 a sa'a. Babban da ya ɗaura bel takan cece shi. Jaririn da aka ajiye a gabanta cikin kujera mai kallon baya kuwa, a ƙeya za ta doke shi. Shi ya sa ake manna gargaɗi a jikin makarin rana na motoci da yawa, har da na Kwatano da suka cika titunan Najeriya, ko da yake ba kowa ke tsayawa ya duba ba.

Yadda wasu ƙasashe suka yi

Jihar Tennessee ce ta fara aiki da irin wannan doka a Amurka a 1978, bayan fafutukar wani likitan yara, Robert Sanders, kuma kafin ƙarshen 1985 duk jihohin ƙasar sun bi sahu. A Birtaniya dole yaro ya yi amfani da kujerarsa har ya kai shekara 12 ko tsayin santimita 135, duk wanda ya riga zuwa. Jamus ta kai nata ma'aunin santimita 150. Ƙa'idar Majalisar Ɗinkin Duniya mai lamba R129, wadda ta fara aiki a 2013, ta wajabta kallon baya har jariri ya cika wata 15.

Akwai wani sassauci a dokar Birtaniya da ya kamata masu tsara doka a Najeriya su duba. Idan tasi mai lasisi ba ta da kujerar yara, an yarda a ɗauki yaro, amma a kujerar baya, kuma wanda ya kai shekara uku ya ɗaura bel ɗin manya. Wato dokar ta san akwai inda ba za a samu yadda ake so ba, sai ta faɗi mafi ƙarancin abin da za a lamunta.

Inda gizo ke saƙar

Dokar Najeriya ta fi dacewa da magidanci mai motar kansa da 'ya'ya biyu. Mafi yawan yaran ƙasar ba haka suke tafiya ba. A Adaidaita Sahu suke zuwa makaranta, wadda ba ta da ƙofa balle bel, ko a kan babur, yara uku ko huɗu a bayan ɗan acaɓa, wani a kan tanki. A tashoshin mota, Golf da Sharon kan ɗauki fasinja fiye da yawan kujerunsu, kuma ƙaramin yaro ba a biya masa kuɗin mota muddin a cinya zai zauna. Ma'ana tsarin kuɗin motar kansa yana ba iyaye ladan yin abin da ya fi haɗari.

Ko mai motar kansa yana da nasa lissafin. Kujerar baya ta ƙaramar mota da ƙyar take ɗaukar kujerun yara uku, alhali gida mai yara biyar ko shida ba abin mamaki ba ne a Arewa. Ga tsada. Daga waje ake shigo da kujerun, farashinsu na bin dala, a ƙasar da mafi ƙarancin albashi ya koma naira 70,000 a Yulin 2024, bayan cire tallafin fetur a Mayun 2023 ya riga ya cinye kuɗin sufuri. Tarar rashin ɗaura bel naira 2,000 ce, ta laifuffukan yara ma ba ta wuce 'yan dubbai ba. Wanda ya auna tara da kuɗin kujera ya san wadda ta fi sauƙi.

Saura gwanjo. Kujerar hannu ta fi babu, amma da sharaɗi. Masu ƙerawa kan sa wa'adin shekara shida zuwa goma, domin roba na gajiya, musamman a zafi irin na Sakkwato ko Maiduguri. Kujerar da ta taɓa shiga mummunan haɗari kuma ba a sake amfani da ita, ko da ba a ga tsagewa a jikinta ba, kuma mai saye a kasuwa ba shi da hanyar sanin tarihinta. Abin da zai iya dubawa shi ne ranar ƙira, da takardar shaidar inganci da ke manne a jiki, da lafiyar igiyoyi da maɓalli.

Wannan duka bai wanke iyayen da ke da hali ba. Motar da aka saya miliyoyin naira, aka sa mata baƙin gilashi da sababbin tayoyi, ba kuɗin kujera ne ya gagari mai ita ba. Kuma akwai abubuwan da ba sa cin ko kwabo: mayar da yara baya, ɗaura wa kowane yaro bel nasa shi kaɗai, danna makullin yara da ke gefen ƙofofin baya, hana leƙa kai ta taga, da rage gudu.

Haɗarin motar da ke tsaye

Ba sai mota na tafiya take kisa ba. Zafin cikin motar da aka rufe na iya ƙaruwa da kusan digiri 11 cikin minti 10, jikin yaro kuma yana ɗaukar zafi ninki uku zuwa biyar fiye da na babba. Ɗan sassauta gilashi ba ya magance komai. A Disambar 2021 an tsinci gawarwakin yara takwas a cikin wata mota da aka ajiye a yankin Badagry na jihar Legas. Motar da aka yasar a unguwa ba a kulle ba wurin wasa ce a idon yara, kuma wanda ya iya shiga ba lallai ya iya fita ba. Italiya ta wajabta tun 2019 a riƙa amfani da na'urar da ke ƙara idan an manta yaro ɗan ƙasa da shekara huɗu a kujerarsa. A nan, kulle mota da ɓoye makulli su ne matakin farko.

Wa ke da alhakin gyara?

Najeriya na cikin ƙasashen da suka amince da ƙudurin Majalisar Ɗinkin Duniya na rage mace-mace da raunukan hanya da rabi tsakanin 2021 da 2030. An riga an ci wani babban kaso na wa'adin.

Ba FRSC kaɗai ke riƙe da wuƙa da nama ba. Harajin shigo da kaya yana hannun gwamnatin tarayya, kuma ita ke da ikon sassauta shi a kan kujerun yara. Tantance ingancin abin da ke shigowa aikin Hukumar Kula da Ingancin Kayayyaki ce, SON. Asibitocin da ake awon ciki da rigakafi suna ganin iyaye mata sau da yawa kafin haihuwa da bayanta, kuma babu wurin da ya fi nan dacewa a yi musu bayanin cinya da kujerar gaba.

Mafi girman ikon kuwa yana jihohi. Su ke yi wa makarantu masu zaman kansu rajista, don haka suna iya gindaya sharaɗin yawan yaran da motar makaranta za ta ɗauka, da wajabta bel a kowace kujera. Su ne kuma ke da hukumomi irin su KAROTA a Kano da KASTLEA a Kaduna, waɗanda ke hulɗa da masu Adaidaita Sahu a kullum. Ƙayyade yawan ɗaliban da za a loda a keke ɗaya, da hana zaunar da yaro a gefen direba, abu ne da majalisar dokokin jiha za ta iya zartarwa ba tare da jiran Abuja ba.