Lissafin Yiwuwa a Ƙaramin Samfur: Abin Lura ga Mai Nazarin Harshe

1.0 Gabatarwa

Sau da yawa mai nazarin harshe ba ya samun damar gwada mutane masu yawa ko kalmomi masu yawa. Yakan ɗauki ɗan samfur ta hanyar ƙuri'a, ya gwada, sannan ya yanke hukunci. Manufar wannan maƙala ita ce nuna yadda ake ƙididdige rabon da cinke yake da shi a cikin irin wannan sakamako, domin a bambance sani da dace.

2.0 Gwajin Fisher

A littafinsa na 1935 mai suna The Design of Experiments, masanin ƙididdiga na Ingila Ronald Fisher ya kawo labarin wata mata da ta ce tana iya ganewa, da ɗanɗano kawai, ko madara aka fara zubawa a kofi ko shayi. Sai ya tsara a ba ta kofi takwas, huɗu na kowane iri, a jera su bisa ƙuri'a, a kuma shaida mata cewa huɗu-huɗu ne. Aikinta shi ne ta ware huɗun da aka fara zuba wa madara.

Wannan tsari ya dace da gwajin karin sauti. A ɗauki kalmar kuka: idan gaɓoɓinta biyu suna da karin sama, zubar da hawaye ake nufi, idan kuwa ta biyu ta sauka, bishiya ce. A ce an naɗi furuci takwas, huɗu na kowace ma'ana, aka kunna wa wani mai koyon Hausa, aka ce ya tsame huɗun da suke nufin bishiya.

Matakin farko shi ne a ƙirga hanyoyin da za a iya tsame huɗu daga takwas. Zaɓin farko yana da hanya 8, na biyu 7, na uku 6, na huɗu 5, wato 8 x 7 x 6 x 5 = 1,680. Amma da yake jerin da aka bi wajen tsamewa ba shi da tasiri, kuma abubuwa huɗu suna jeruwa ta hanya 24, sai a raba 1,680 da 24, a sami 70. Ga wanda yake cinke, kowace daga cikin hanyoyin nan 70 daidai take da 'yar'uwarta. Hanya ɗaya tak ce ke ba da huɗu daidai. Hanya 16 suna ba da uku daidai, domin akwai hanya 4 ta ɗaukar uku daga na bishiya, da hanya 4 ta ɗaukar ɗaya daga na hawaye. Biyu daidai suna da hanya 36, ɗaya daidai 16, rasa duka kuwa hanya ɗaya.

3.0 Inda Ake Tuntuɓe

A nan ne gizo yake saƙa. Wanda ya sami uku cikin huɗu ya sanya furuci shida cikin takwas a muhallinsu ke nan, kuma mai bincike zai iya rubuta cewa ya ci kashi 75 cikin ɗari, har ya kafa hujja da shi cewa mutumin yana jin karin sauti. Alhali mai cinke zalla yana kaiwa ga wannan matsayi ko fiye da shi sau 17 cikin 70, kusan sau ɗaya cikin huɗu. Adadin yana da kwarjini a takarda, amma hujjar ba ta da ƙwari. Samun huɗun duka ne kaɗai, wanda yiwuwarsa ba ta kai kashi 2 cikin ɗari ba, zai sa a yi watsi da zaton cinke.

Girman samfurin ma yana sauya hukunci. Da furuci shida aka yi amfani da su, uku-uku, hanyoyin 20 ne kacal, don haka mai cinke zai ci duka sau ɗaya cikin 20. Idan aka kai su goma sha biyu, shida-shida, hanyoyin sun zama 924, kuma samun biyar ko shida daidai yana da hanya 37 kawai, kimanin kashi 4 cikin ɗari. Wato sai a wannan girma ne za a iya yafe wa mai sauraro kuskure ɗaya.

Haka kuma, abin da aka faɗa wa mai sauraro kafin gwaji yana shiga lissafi, ko da yake masu bincike sukan manta su bayyana shi. Idan ba a sanar da shi cewa huɗu-huɗu ne ba, kowane furuci yana cin gashin kansa da amsa biyu, hanyoyin kuma sun zama 256. A wannan hali samun shida ko fiye daidai yana da hanya 37, kimanin kashi 14 cikin ɗari.

Duk wannan lissafi ya dogara ne ga sharaɗin cewa ƙuri'a ce ta jera furucin. Idan mai bincike ya jera su da hannunsa, ɗaya na bishiya ɗaya na hawaye, mai sauraro mai wayo zai gano tsarin tun a furuci na uku, daga nan kuma basirarsa ake gwadawa, ba kunnensa ba.