Na'urar Komawa Jiya: Dokar da Marubutan Landan Suka Kasa Karyawa

A shekarar 1895 kamfanin ɗab'i na William Heinemann da ke Landan ya fitar da wani ɗan littafi mai suna The Time Machine, wanda H.G. Wells ya rubuta. Labarin wani masani ne mazaunin Richmond, a bakin kogin Thames, wanda ya ƙera na'urar da ke ratsa zamani kamar yadda jirgi ke ratsa ruwa. Hujjarsa ita ce kowane abu yana da tsawo da faɗi da kauri, kuma lokaci shi ne ma'auni na huɗu. In ana iya tafiya gabas a dawo yamma, me zai hana a je gobe a dawo jiya?

Wells bai faɗo wannan fage da ka ba. A 1884 ya shiga makarantar kimiyya ta South Kensington, inda ya yi karatu a hannun T.H. Huxley, babban mai kare ra'ayin Darwin. Shi ya sa ƙagen nasa ke da tushe. Matafiyin ya sauka a shekara ta 802,701, ya tarar 'yan Adam sun rabu gida biyu: Eloi masu rauni a doron ƙasa, da Morlocks masu zama a ƙarƙashinta suna kiwon Eloi don ci. Ya shiga wani tsohon gidan tarihi, ya ga littattafai sun ruɓe sun zama tsumma. Da ya ƙara gaba shekaru miliyan 30, sai ga rana ta yi jajawur, sanyi ya rufe duniya, rayuwa na gab da ƙarewa.

Na'urar ƙage ce, amma lalacewar da ya gani ba Wells ya ƙirƙire ta ba. Tun 1852 William Thomson, wanda daga baya aka san shi da Lord Kelvin, ya bayyana cewa ƙarfin da ke cikin halitta kullum watsewa yake yi. A 1865 Bajamushe Rudolf Clausius ya raɗa wa ma'aunin wannan watsewa suna entirofi. Kowa ya san kokon safe yana hucewa in an bar shi, kuma ba a taɓa ganin wanda ya huce ya tattaro zafi daga iska ya sake tafasa da kansa ba. Wannan ita ce doka ta biyu ta ilimin zafi, kuma ita ce ke bambanta jiya da gobe.

Matsalar da Wells ya kauce mata ita ce ta komawa baya. A ce mutum ya koma ya kashe kakansa tun kakan bai yi aure ba. Ke nan ba za a haifi uban ba, ba za a haifi jikan ba. To wa ya yi kisan? In kuwa babu mai kisa, kakan ya rayu, jikan ya zo duniya, ya sake komawa. Magana ta zama maciji mai cizon wutsiyarsa.

Waɗanda suka fi kowa fama da wannan ƙulli su ne marubutan Doctor Who, shirin talabijin na BBC da aka fara nunawa ranar 23 ga Nuwamba, 1963, wanda labarinsa ya soma a wani wurin tara tarkace a Landan. A 1972, cikin labarin Day of the Daleks, wasu mayaƙa sun taso daga ƙarni na 22 don kashe wani jami'in diflomasiyya da suke zargi da tayar da bam ɗin da ya haddasa yaƙin duniya. Daga ƙarshe ta bayyana bam ɗin nasu ne. Su suka jawo masifar da suka zo hanawa. Amma mai kallo zai tambaya, me ya hana su yi ta komawa har sai sun dace? Sai marubutan suka ƙirƙiro wata doka, suka jingina ta ga wani masani mai suna Blinovitch, wanda bai taɓa rayuwa ba. Dokar ta ce mutum ba ya sake shiga abin da ya riga ya aikata don ya gyara. A 1983 aka ƙara mata reshe: in mutum ya taɓa kansa na wani zamani, ƙarfi mai tsanani zai fashe a tsakaninsu.

Ƙagen ya ci gaba da haɗa saɓanin lokaci da rugujewa. A labarin Logopolis na 1981, entirofi ce ke cinye sassan sararin samaniya. A Father's Day na 2005, wata budurwa ta koma Landan ta 1987 ta ceci mahaifinta daga motar da ta kashe shi. Nan take zamani ya yi rauni, wasu dodanni suka shigo suna haɗiye mutane, kuma duniya ba ta daidaita ba sai da uban ya miƙa kansa ga motar. Abin lura a nan shi ne marubutan suna da ikon rubuta duk abin da suka ga dama, amma kullum sai su dawo kan hukunci guda: wanda ya taɓa jiya zai biya da rushewar yau. Bahaushe ya riga ya taƙaita: da na sani ƙeya ce.

Me kimiyyar gaskiya ta tabbatar? Tafiya gaba tana yiwuwa. Ka'idar Einstein ta nuna lokaci na tafiya a hankali ga mai tsananin gudu, kuma ya fi tafiya a hankali a doron ƙasa fiye da can sama. A 1955 Louis Essen ya haɗa agogon atom na farko mai cikakken daidaito a Teddington, kusa da Richmond ɗin matafiyin Wells. A 1971 wasu masana biyu, Hafele da Keating, suka ɗora irin waɗannan agogo a jiragen sama suka zagaya duniya, suka samu bambancin da ka'idar ta yi hasashe. Agogon taurarin GPS na gaba da na ƙasa da kusan kashi 38 cikin miliyan na daƙiƙa a kullum, kuma ba don ana gyara wannan ba da taswirar wayarka ta ɓatar da kai. Musulmi ma ya san labarin Ashabul Kahfi, waɗanda suka farka bayan shekaru 309. Gaba suka tsinci kansu, ba baya ba. Komawa baya kuwa babu gwajin da ya nuna ta. A 1992 Stephen Hawking na Jami'ar Kembirij ya yi hasashen cewa dokokin halitta da kansu ne ke toshe wannan ƙofa.

Saboda haka ina kira ga matasanmu masu kallon waɗannan finafinai su riƙa tantance dokar da aka auna a ɗakin gwaji da wadda aka ƙirƙira a ɗakin rubutu. Blinovitch ƙage ne, Clausius gaskiya ne. Marubutanmu na Kano da Zariya da Maraɗi kuma, fagen ƙagaggen labarin kimiyya a buɗe yake gare ku. Ku yi karatun kimiyyar tukuna kamar yadda Wells ya yi, ku kafa wa labarinku dokoki, sannan ku tsaya a kansu har shafin ƙarshe.