Sikon, Gurasar Shan Shayi ta Mutanen Biritaniya

A cikin abubuwan da mutanen Biritaniya suke haɗawa da shayin la'asar, babu wanda ya kai sikon farin jini. Wata 'yar gurasa ce da ba ta wuce cikin tafin hannu ba, ba ta kai kek zaƙi ba, ba ta kuma da danƙon burodi. Galibi ana danganta asalinta da ƙasar Sukotlan, inda sunanta ya fito a rubuce tun shekarar 1513. A wancan zamani da garin hatsin nan da ake kira ots ake yin ta, a faɗaɗa kwaɓin, a gasa bisa kaskon ƙarfe, sa'an nan a yanka gida huɗu.

Abin da ya sauya mata kama shi ne hodar tashin kwaɓi, watau bekin foda, wadda wani mai harhaɗa magunguna a birnin Bamingam, Alfred Bird, ya haɗa a shekarar 1843 saboda yis ba ya karɓar jikin matarsa. Da zarar hodar ta ji ruwa da zafi sai ta saki iskar da ke kumbura kwaɓin nan take. Saboda haka sikon ba ta bukatar a rufe ta a jira ta tashi, kamar yadda ake yi wa fanke. Cikin rabin sa'a an gama kome.

Ma'aunin da aka saba shi ne fulawa giram 225, bekin foda ƙaramin cokali 2, bota giram 55, sukari giram 25, ɗan gishiri, da madara wajen mililita 150. Da farko a tankaɗe fulawar tare da hodar da gishirin. Sai a yayyanka botar tana da sanyi, a murje ta cikin garin da kan yatsu har ya yi tsaki-tsaki. Daga nan a zuba madara, a juya da wuƙa, ba da hannu ba, a tsaya da zarar kwaɓin ya haɗu.

A nan ne fa masu gwaninta wajen burodi suka fi yin ɓarna, domin hannunsu ya saba da murza. A cikin garin alkama akwai wani sinadari da ake kira gulutin, wanda yake ƙara danƙo gwargwadon yadda aka murza kwaɓi. Burodi yana son wannan danƙo, amma ita sikon kashe ta yake yi, ta fito da tauri, a cije. Kwaɓin da ya yi kamar ba a gama aikinsa ba, mai ɗan kaushi da ɗan manne wa hannu, shi ne daidai. Sanyin botar kuwa amfaninsa shi ne ƙananan gutsattsarinta su kai cikin tanderu ba su narke ba. Can ne za su narke, su bar 'yan ramuka masu sa gurasar laushi. Mai yin ta a wuri mai zafi, kamar Jidda ko Hartum, gara ya daskarar da botar a firji, ya goge ta da magogi, ya kuma yi sauri.

Kayan ƙari kafin madara ake zuba su. Mafi shahara shi ne zabibi, kimanin giram 50, kuma idan ya bushe ƙwarai ya kamata a jiƙa shi cikin shayi mai ɗumi, a tsane. A Ostareliya da Niyu Zilan akan sa yankakken dabino, wanda zaƙinsa kan sa a rage sukari. Ɗanyun 'ya'yan itace masu ruwa sukan jiƙa kwaɓin, don haka busassu sun fi. Wanda yake son mai gishiri sai ya cire sukarin, ya sa gogaggen cuku da ganyaye masu ƙamshi, kamar tayim, ko rozmari, ko lawashin albasa. Rozmari dai yana da ƙarfi, rabin ƙaramin cokali ya isa. Idan ya yi yawa sai ya danne ɗanɗanon kome. Akan kuma haɗa zabibi da gogaggen ɓawon lemo.

Bayan haka a shimfiɗa kwaɓin da tafin hannu, kaurinsa ya kai santimita 2 ko fiye. A yanka da bakin kofi, a danna kai tsaye ba tare da murɗawa ba, gama murɗawa tana liƙe gefen, sai gurasar ta tashi a karkace. A shafa madara a samanta kaɗai, a sa cikin tanderun da ya riga ya yi zafi, digiri 220 a ma'aunin Salshiyas, minti 12 zuwa 15.

Da ɗuminta ake cin ta, don ba ta kwana da daɗinta. Ana raba ta biyu a shafa jam da kirim mai kauri, abin da ya haddasa daɗaɗɗiyar gardama tsakanin lardunan Debon da Konwol, maƙwabtan juna a kudu maso yammacin Ingila. Mutanen Debon kirim suke fara shafawa, su ɗora jam a kai. Na Konwol kuwa jam ne a ƙasa, kirim a bisa.