Me Ya Sa Waƙoƙin Wayarka Suke Ɓacewa?

Wanda ya kai memori wurin masu turi a kasuwar Jega aka zuba masa waƙoƙin Shata, ya san sun zama nasa. Ya tura wa aboki ta Xender, ya sa a rediyon mota, ba mai tambayarsa. Manhajoji irin su Audiomack, Boomplay da Spotify ba haka suke ba, kuma daga nan yawancin kukan "waƙoƙina sun ɓace" yake tasowa.

Waƙar da ka sauke a cikin manhaja aro ce. A kulle take, manhajar kaɗai ke buɗe ta, kuma tana ɗaure da asusunka. Spotify, wadda ta shigo Nijeriya a 2021, sai mai biyan kuɗin wata take bari ya sauke waƙa, sannan dole wayar ta hau intanet aƙalla sau ɗaya cikin kwana 30, in ba haka ba waƙoƙin su ƙi buɗewa. Tun da hukumar NCC ta amince da ƙarin kashi 50 cikin ɗari kan kuɗin kira da data a Janairun 2025, mai kashe data don tattali ya riƙa tunawa da wannan wa'adin.

Abin da ya fi ruɗa mutane shi ne asusu. Ɗalibi a jami'ar Aliero ya sayi sabuwar waya, ya shiga da Google alhali da Facebook ya yi rajista tun farko, sai ya tarar da wayam. Ba abin da ya salwanta, sabon asusu ya buɗe bai sani ba. Ya fita ya sake shiga ta hanyar farko, jerin waƙoƙinsa zai dawo, sai dai ya sake sauke su.

Idan kuwa waƙa tana yankewa da zarar fuskar waya ta mutu, tsarin tattalin batir ne ke rufe manhajar, abin da aka saba gani a Tecno, Infinix da itel. Cire ta daga cikin waɗanda aka taƙaita. Mai tafiya Maiyama kuma ya sauke abin saurarensa tun yana cikin gari, kafin sabis ya fara rawa a hanya.

A saitin waya akwai maɓalli biyu maƙwabtan juna. Na share tarkacen wucin gadi ba ya ɓarna. Na goge bayanai gaba ɗaya shi ke fitar da kai daga asusunka, ya tafi da abin da ka sauke. Don haka kafin ka miƙa wa mai gyara wayarka, rubuta adireshin imel ɗinka da kalmar sirri a takarda, ka adana a gida.