Lamunin jinginar gida

Lamunin jinginar gida bashi ne na dogon lokaci da banki ko wata hukuma ke bai wa mutum domin ya sayi gida ko ya gina, bisa sharaɗin cewa gidan shi ne jinginar bashin. Takardun gidan suna zama a hannun mai ba da bashin har ranar da aka gama biya, kuma idan biya ya gagara, yana da damar sayar da gidan ya cire haƙƙinsa. Ana biyan irin wannan bashi wata-wata, yawanci cikin shekara 10 zuwa 30. Jimillar abin da mutum zai biya daga farko zuwa ƙarshe takan zarce farashin gidan nesa ba kusa ba, wani lokaci ta ninka shi sau biyu ko fiye. Abu uku ne suka fi yanke hukunci a kan wannan jimilla: yawan kuɗin ruwa, tsawon wa'adi, da kuma kan wane adadi ake lissafa ruwan.

Asalin kalma

A Hausa, jingina ita ce ajiye kadara a hannun mai bin bashi har a fanshe ta. An fi sanin ta a jinginar gona, inda wanda ya ba da kuɗi yake noma gonar yana cin amfaninta, kuma abin da ya ci ba ya rage bashin. Kalmar Turanci “mortgage” daga tsohon Faransanci ta fito, ma'anarta “matacciyar jingina”. A dokar Ingila ta ƙarni na 12 an bambanta jingina iri biyu: rayayya, wadda amfanin ƙasar yake rage bashin, da matacciya, wadda ba ya ragewa. Ke nan jinginar gona ta gargajiya ta fi kusa da ma'anar kalmar ta asali fiye da lamunin banki na yau, inda mai cin bashin ne ke zaune a gidan.

Yadda biyan wata-wata yake rabuwa

Duk kuɗin da aka biya a wata kashi biyu ne. Kashi na farko kuɗin ruwa ne a kan abin da ya rage na bashin, na biyu kuma shi ne yake rage uwar kuɗin. Banki yana fara cire ruwansa, abin da ya saura shi ke tafiya kan uwa. Tun da a farkon wa'adi bashin yana nan da girmansa, ruwa ne ke cinye mafi yawan kuɗin.

Misali, mutum ya karɓi naira miliyan 10 a kan ruwa kashi 6 cikin 100 a shekara, zai biya cikin shekara 30. Biyansa na kowane wata naira 59,955 ne. A watan farko, naira 50,000 ruwa ne, naira 9,955 kacal suka taɓa bashin. A wata na biyu ruwan zai ragu da abin da bai kai naira 50 ba, haka abin zai yi ta tafiya a hankali. Bayan shekara 10 ya biya kusan naira miliyan 7.2, amma har yanzu ana bin sa kimanin naira miliyan 8.37. Wato ya cinye sulusin wa'adin, bashin kuwa bai ragu da ko kashi ɗaya cikin biyar ba. Sai a cikin shekara ta 19 ne kason uwa zai fara fin kason ruwa a biyan wata. Idan ya kammala wata 360, ya biya kimanin naira miliyan 21.58: miliyan 10 uwa, miliyan 11.58 ruwa.

Wannan tsari ba zamba ba ne, lissafi ne kawai, amma shi ne ɓangaren da ya fi ruɗar masu karɓar lamuni. Mutumin da ya yanke shawarar sayar da gidan bayan shekara biyar ko bakwai yakan yi tsammanin ya mallaki kaso mai tsoka, sai takardar banki ta nuna masa cewa yawancin abin da ya biya bai shiga gidan ba. Jadawalin biya, wanda ke nuna rabon kowane wata da ragowar bashi, shi ne takardar da ke fayyace wannan, kuma ana iya neman sa tun kafin a sa hannu.

Tsawon wa'adi da yawan ruwa

Tsawaita wa'adi yana sauƙaƙa biyan wata, yana kuma kumbura jimilla. Wancan bashi na miliyan 10 a kan kashi 6, da a shekara 15 za a biya shi, biyan wata zai koma naira 84,386, jimilla kuma kimanin miliyan 15.19. Bambancin wata-wata naira 24,431 ne, bambancin ƙarshe kuwa ya kusa miliyan 6.4.

Idan ruwa ya yi yawa, dogon wa'adi kusan ba ya tsinana komai. A kan kashi 20 cikin 100, miliyan 10 cikin shekara 20 na buƙatar naira 169,882 a wata, jimilla kimanin miliyan 40.8. Idan aka ƙara wa'adin zuwa shekara 30, biyan wata zai sauko zuwa naira 167,102 ne kawai, sauƙin da bai kai naira 3,000 ba, amma jimilla ta haura miliyan 60. Dalili shi ne ruwan wata guda kaɗai ya kai naira 166,667, kuma babu tsawon wa'adin da zai sa biya ya yi ƙasa da wannan adadi. Wannan na daga cikin abin da ya sa lamunin shekara 30 ba ya samun gindin zama a ƙasashen da ruwan banki ke da tsada.

Akwai kuma batun yadda ake lissafa ruwan. Duk misalan da suka gabata a kan ragowar bashi aka lissafa. Wasu masu ba da bashi kuwa a kan cikakken adadin farko suke lissafawa har ƙarshen wa'adi, kamar ba a taɓa biyan ko kwabo ba. Kashi 6 a wannan tsari na nufin naira 600,000 kowace shekara, wato miliyan 18 a shekara 30, jimilla miliyan 28. Sunansa kashi 6, amma nauyinsa ya haura kashi 8 da rabi na tsarin ragowa. Lambobi biyu da ke kan tallan bankuna biyu ba sa kwatantuwa sai an san wane lissafi kowanne yake nufi.

Biya kafin lokaci yana aiki ne ta wannan hanya a juye. Duk abin da aka ƙara a kan biyan wata yana tafiya kai-tsaye kan uwa, ruwan watanni masu zuwa kuma ya ragu. A misalin farko, ƙarin naira 10,000 a wata zai sa a gama cikin shekara 21, a kuma tsira da kusan naira miliyan 4. Ƙarin da aka yi a shekarun farko ya fi na ƙarshe tasiri sosai. Sai dai wasu yarjeniyoyi suna ɗora tara a kan wanda ya biya da wuri.

Kuɗaɗen da ba sa cikin ruwa

Kafin banki ya saki kuɗi, mai neman lamuni yana biyan kasonsa na farashin gidan daga aljihunsa, sannan kuɗin ƙiyasta darajar gida, kuɗin lauya, kuɗin binciken takardu, harajin hatimi, da kuɗin rajista. Bayan an saki kuɗin akwai inshorar gobara, sau da yawa har da inshorar rai wadda za ta biya ragowar bashin idan mai shi ya rasu. Idan aka cusa waɗannan kuɗaɗe cikin bashin, su ma ruwa zai hau kansu har ƙarshen wa'adi. Domin magance ɓoye irin waɗannan caje-caje ne Amurka ta kafa doka a 1968 da ta tilasta wa masu ba da bashi bayyana adadi guda na shekara wanda ya haɗa ruwa da wasu daga cikin kuɗaɗen. Harajin gida, kuɗin ƙasa da gyare-gyare ba sa cikin lamunin, amma daga albashi ɗaya suke fita.

Ruwa tsayayye da mai sauyawa

Lamunin shekaru masu yawa da ake biya daidai wa daida kowane wata bai daɗe da yaɗuwa ba. A Amurka kafin shekarun 1930, bashin gida na shekara biyar zuwa goma ne, kuma a ƙarshe ake biyan uwar a dunƙule. Da tattalin arziki ya karye, mutane da yawa suka rasa gidajensu, sai gwamnati ta kafa hukumomi a 1933 da 1934 da suka yaɗa tsarin dogon wa'adi mai tsayayyen ruwa. Ko a can ma, shekarar da mutum ya ci bashi tana da tasiri ƙwarai: matsakaicin ruwan lamunin shekara 30 ya kai kashi 18.63 a Oktoban 1981, ya kuma sauko har kashi 2.65 a Janairun 2021.

A Birtaniya yawancin lamuni ruwansu na tsayawa ne na shekara biyu ko biyar, daga nan a sake ciniki. Babban Bankin Ingila ya ɗaga ruwansa daga kashi 0.1 a ƙarshen 2021 zuwa kashi 5.25 a Agustan 2023, kuma duk wanda wa'adinsa na tsayayyen ruwa ya ƙare a tsakanin ya tarar da sabon biya mai nauyi a kan gidan da bai sauya ba. A lamuni mai sauyawa babu wanda zai iya faɗin jimillar kuɗin ranar sa hannu.

A Najeriya

Babbar hanyar samun lamuni mai rahusa ita ce Asusun Gidaje na Ƙasa, wanda aka kafa da doka a 1992, kuma Bankin Lamunin Gidaje na Tarayya ke kula da shi. Ma'aikaci yana zuba kashi 2.5 cikin 100 na albashinsa, bayan wata shida yana zubi ya cancanci neman lamuni a kan kashi 6 har zuwa shekara 30. Sharaɗi ne biyan wata kada ya wuce sulusin abin da mutum ke samu. Ke nan mai son miliyan 10 cikin shekara 30 sai yana samun kusan naira 180,000 a wata. Wanda ke kan mafi ƙarancin albashi na naira 70,000 da aka amince da shi a 2024, abin da lissafi zai ba shi bai kai miliyan 4 ba. Shekaru ma suna rage wa'adi, domin ana so a gama biya kafin ritaya: ma'aikaci ɗan shekara 45 da zai ajiye aiki a 60, lissafin shekara 15 ne nasa.

Ruwan bankunan kasuwanci ya ninka na asusun sau da yawa, domin yana bin ruwan Babban Bankin Najeriya, wanda ya kai kashi 27.5 a Nuwamban 2024. Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 kuma ta ce ba a jinginar da filin da ke da takardar shaidar mallaka sai da amincewar gwamnan jiha. Neman wannan amincewa na cin kuɗi da watanni, kuma gidan da ba shi da cikakkun takardu ba ya shiga lissafin banki tun farko. Tun 2022 an ba ma'aikata damar cire har kashi 25 cikin 100 na abin da ke asusunsu na fansho domin biyan kasonsu na farko, wanda shi ma tsada ce da sai bayan ritaya za a ji ta.

Hauhawar farashi tana jan lissafin zuwa ɗaya ɓangaren. Naira 59,955 ta shekara ta 20 ba ita ce ta shekarar farko ba. Idan farashi na tashi da kashi 15 a shekara, yana ninkawa cikin shekara biyar, kuma nauyin biya tsayayye ya ragu da rabi, matuƙar albashin mai biyan ya bi sahu. A Disamban 2024 hauhawar farashi a Najeriya ta kai kashi 34.8, saboda haka mai lamunin kashi 6 yana mayar da kuɗin da bai kai darajar wanda ya karɓa ba. Wannan rangwame ba daga sama ya faɗo ba. Masu zubi a asusun da ba su taɓa samun lamuni ba su ne ajiyarsu ke zaizayewa.

Tsarin bankin Musulunci

Musulmi da yawa suna ƙaurace wa lamuni mai ruwa saboda haramcin riba. A rubutun boko kalmar tana kawo ruɗani, domin riba ta ciniki da riba ta bashi daga kalmomin Larabci biyu dabam suka zo, amma harafinsu ɗaya. Bankunan da ba sa mu'amala da ruwa, irin su Jaiz da ya fara aiki a 2012, suna bin wasu hanyoyi. A murabaha banki ne ke sayen gidan ya sayar wa abokin ciniki da ribar da aka yi ittifaƙi a kanta, a biya kaɗan-kaɗan, kuma farashin ba ya ƙaruwa bayan an ƙulla ciniki. A ijara banki yana ba da hayar gidan har mallaka ta koma ga mai haya. A musharaka mai raguwa kuwa su biyun ne suka mallaki gidan, abokin ciniki yana sayen kason banki sannu a hankali yana biyan hayar abin da ya rage.

Bambancin yana cikin ƙulla yarjejeniyar da kuma wanda ke ɗaukar asara idan kadarar ta lalace, ba lallai a cikin arha ba. A musharaka mai raguwa haya ce ke cin mafi yawan biyan shekarun farko, domin a lokacin kason banki ne ya fi girma, kuma idan yarjejeniya ta ba da damar sabunta kuɗin hayar lokaci-lokaci, jimillar ba ta tabbata sai an kai ƙarshen wa'adi.