Bikin Auren Hausawa a Idon Kyamara: Abin da Hoto Ke Kamawa da Abin da Ke Kufce Masa

Daga ƙarshen 1949 zuwa farkon 1950, Mary Smith ta zauna da Baba ta Karo a garin Giwa na ƙasar Zazzau, ta rubuta labarin rayuwarta, aka buga shi a 1954. Alƙalami kawai aka yi aiki da shi, amma har yau littafin yana cikin manyan madogaran masu nazarin auren Hausawa, domin mace ce ta ba da labarin daga cikin gida.

A yanzu da wuya a yi biki a Kano babu mai ɗaukar bidiyo. Sana'ar ta bunƙasa ne tare da yaɗuwar kyamarar kaset, wadda da ita aka shirya Turmin Danya a 1990. Sai dai yawan hoto bai zama yawan bayani ba. Mai ɗaukar hoto galibi namiji ne, kuma na haya. Inda aka ba shi izini nan yake tsayawa: wurin ɗaurin aure, da kamu idan an kai shi zauren taro, da dina. Wankan amarya, da faɗan da iyaye mata ke yi mata daren kaita, da cinikin sayen baki tsakanin abokan ango da ƙawayenta, ba kasafai suke shiga faifai ba, alhali a nan ne ake jin habaici da waƙe-waƙen mata da salon maganar da ke saurin ɓacewa.

Akwai wata matsalar da ta fi wannan. Kyamara tana sauya abin da take ɗauka. Amaryar da al'ada ta sani a lulluɓe, tana kuka, yanzu ana so ta buɗe fuska ta yi murmushi. Daga baya kuma mai tace hoto yakan ɗora waƙar sutudiyo a kan guɗar ayyirirrin da aka rangaɗa a wurin.

A ƙasar Belarus, masaniyar kiɗan gargajiya Zinaida Mazheika ta bi wata hanyar daban: ta haɗa kai da masu shirya fim, suka taskace bukukuwan auren yankin Palesse da muryoyin matan ƙauye. Irin wannan aiki a ƙasar Hausa zai buƙaci mata masu bincike riƙe da kyamara, da yardar iyalan biki, da yarjejeniya a kan waɗanda aka halatta wa kallon faifan.